Ranar da na zama tafinta tsakanin uba da ɗansa a Guangzhou

Wajen ƙarfe biyu na dare wayata ta yi ƙara. Maigidana ne ya riga ni farkawa, ya duba lambar, ya miƙo min yana cewa, "Matar Alhaji ce, na Guangyuan." Gabana ya faɗi, don duk wanda ya taɓa aikin jinya ya san kiran tsakar dare ba kasafai yake zuwa da alheri ba. Da Sinanci take magana, da sauri, kuka yana cin ƙarfinta. Abin da na iya tsinta shi ne suna asibiti tun bayan magariba, mijinta ya yanke jiki ya faɗi a shago, ya farfaɗo, yana ta magana amma ba wanda ke gane abin da yake faɗi. Ta ce, "Yarenku yake yi. Don Allah ki zo."

Ba zan kama sunansa ba, don ban nemi izininsa a kan haka ba. Bakatsine ne, ya ba hamsin baya, ya yi shekara ashirin da ɗoriya a wannan birni yana harkar tura kaya gida, wadda muke ce wa kago. Matarsa Basiniya ce daga wani ƙauye a lardin Guangdong, ta musulunta kafin aurensu. Ɗansu ɗaya, yana da shekara goma sha ɗaya. Ni kuma na yi digirin aikin jinya a Zariya, na biyo maigidana nan a 2017. Irin bizar da nake zaune da ita ba ta ba ni damar aiki a asibitocinsu ba, don haka aikina ya koma auna hawan jinin 'yan uwa a shaguna, duba takardar magani, da raka mata asibiti in yi musu tafinta. Na yi tafinta tsakanin majinyaci da likita ba adadi. Tsakanin mutum da iyalinsa kuwa, sai a wannan daren.

Titin da Najeriya ta tare

Ga wanda bai taɓa zuwa ba, titin Guangyuan na Yamma, wanda Sinawa ke kira Guangyuan Xi Lu, yana kusa da tsohuwar tashar jirgin ƙasa ta Guangzhou, ta wajen unguwar Sanyuanli. Ba titi ne mai kyan gani ba. Gadojin sama sun yi masa rumfa, ƙarar motoci ba ta yankewa, masu dako suna ta jan buhunan kaya da aka naɗe da salatif an rubuta Legas, Onitsha ko Kano a jiki. A gefensa ne manyan kasuwannin bene suke, irin su Canaan da Tangqi da Tian'en da Bole, inda ake sarin wandon jins, takalma, jakunkuna, gashin kanti da kayan yara. Da yawa daga kayan da ake ciniki a Kantin Kwari da Sabon Gari sun taɓa kwana a wannan titi.

Guangzhou, ko Gwanzo kamar yadda 'yan kasuwarmu ke faɗi, tsohon garin fatauci ne. Tun 1957 ake yin baje kolin Canton a cikinsa, sau biyu a shekara. Amma 'yan Afirka sun fara kwararowa ne a ƙarshen shekarun 1990, bayan da tattalin arzikin ƙasashen kudu maso gabashin Asiya ya girgiza a 1997, waɗanda ke sari a Bangkok da Jakarta suka juyo nan. Shigar ƙasar Sin Ƙungiyar Ciniki ta Duniya a Disambar 2001 ya ƙara buɗe ƙofa. A shekarun nan ne Alhajin da nake ba ku labari ya sauka da jaka ɗaya da kalkuleta, don a lokacin da kalkuleta ake ciniki: mai kaya ya danna kuɗinsa, kai ma ka danna naka.

Yawanmu kuwa an daɗe ana gardama a kai. Farfesa Adams Bodomo, ɗan Ghana, a littafinsa na 2012 kan 'yan Afirka a ƙasar Sin, ya ƙiyasta kimanin mutum 100,000 a Guangzhou. Hukumomin birnin a 2014 suka ce 16,000 ne ke zaune. A Disambar 2019 suka ce 13,652, zuwa Afrilun 2020 lokacin korona adadin ya sauko 4,553. Ko da wane lissafi aka bi, duk wanda ya san titin a da ya san ya rage cika. Wasu sun koma gida, wasu sun koma Foshan da ke maƙwabtaka, inda haya ta fi sauƙi.

Bahaushe tsakanin unguwa biyu

Akwai abin da sai ka zauna a nan za ka lura da shi. 'Yan Afirka a Guangzhou unguwa biyu suka fi yawa a ciki. Guangyuan da Sanyuanli na 'yan Najeriya ne, akasarinsu Inyamurai Kiristoci, Turancin buroka shi ne harshen kasuwa. Xiaobei kuma, inda benen Tianxiu da lungunan Dengfeng suke, can ne Musulmi suka fi yawa: 'yan Mali, Gini, Senegal, Nijar, da Larabawa, ga Musulmin Sin 'yan ƙabilar Hui da Uigur masu sayar da taliya da gurasa da tsire. Tashoshin jirgin ƙarƙashin ƙasa kaɗan ne tsakanin unguwannin biyu, amma kamar ƙasa biyu ne.

To Bahaushen Najeriya fa, ina ya faɗa? Fasfonsa ya ce shi ɗan Guangyuan ne, sallarsa da cikinsa sun ce shi ɗan Xiaobei ne. Da safe yana shago tare da Inyamurai suna kiransa "Aboki", da rana ya tsallaka Xiaobei neman abincin halal, ya tarar da Bamaraɗe ko Badamagare su yi Hausa son ransu, alhali fasfonsu daban. Ranar Juma'a kowa ya nufi masallacin da ke maƙabartar da ake dangantawa da Sahabi Sa'ad bin Abi Waƙƙas, kusa da lambun Yuexiu, ko tsohon masallacin Huaisheng mai doguwar hasumiya. Abin dariya, Basine mai shago idan zai kira ka "pengyou" yake cewa, ma'anarta kuwa aboki. Maigidana yakan ce an bi mu da sunan nan har bangon duniya.

Amma idan wuya ta zo, ba wanda ke tambayar ƙabilarka. A Yulin 2009 wani ɗan Najeriya ya faɗo daga bene a wannan yanki yana gudun masu binciken fasfo, 'yan Afirka suka yi dafifi a ofishin 'yan sanda na Kuangquan. A Yunin 2012 wani ɗan Najeriya ya rasu a hannun 'yan sanda bayan rigima kan kuɗin abin hawa, aka sake fitowa har aka tare titin Guangyuan. A Afrilun 2020 kuwa ina nan, da idona na gani: aka riƙa fitar da baƙaƙen fata daga gidajen haya da otal, wasu suka kwana a ƙarƙashin gada, wani reshen McDonald's ya liƙa sanarwar hana baƙar fata shiga, har kamfanin ya fito ya ba da haƙuri. A Abuja, Kakakin Majalisar Wakilai na lokacin, Femi Gbajabiamila, ya kira jakadan Sin Zhou Pingjian ya nuna masa bidiyon abin da ke faruwa. A kwanakin nan, wanda ya riƙa ajiye mana shinkafa da ruwa a bakin ƙofa wani ɗan Anambra ne. Su ma Sinawan ba duka aka taru aka zama ɗaya ba, don wata tsohuwa maƙwabciyarmu ita ta riƙa sayo wa 'yata madara.

Na kawo wannan duka ne don mai karatu ya san irin ƙasar da yaron nan ya tashi a kanta. A waje, idan aka kalle shi, "heiren" ne, baƙar fata, ko "hunxue", ruwa biyu. A makaranta yana rera taken ƙasar Sin kamar kowane yaro. A gida kuma uwarsa da kakarsa ta wajen uwa suka rene shi da Kantonanci da Sinanci.

"Ina Babana?"

Da na shiga ɗakin, na tarar da Alhaji a kwance, bakinsa ya ɗan karkace, hannun dama ba ya motsi. Matarsa, wadda nake ce wa "jiejie", wato Yaya, tana riƙe da waya tana kara masa a baki, manhajar fassara tana rubuto mata abin da ya faɗa. Yaron yana tsaye jikin bango da kayan makaranta, tun yamma bai canza ba.

Na ce, "Alhaji, sannu. Ya jiki?"

Ya juyo da ƙyar, idonsa ya kawo ruwa. Kalmomin suna fita ɗai-ɗai, kamar ana jawo guga daga rijiya mai zurfi. "Malama... ina... Babana?"

Yaya ta damƙe hannuna. Ta nuna min wayar. Tun dare yake maimaita wannan kalma, manhajar tana fassara mata cewa yana neman mahaifinsa. Kalmar "baba" ma a Sinanci uba take nufi, don haka ba ta yi shakka ba. Ta san mahaifinsa ya rasu shekaru da yawa. A ganinta, mutumin da ke kwance yana kiran mamaci, ai tafiya ce ta zo. Abin da ya sa ta kira ni ke nan, tana so in ji wasiyyarsa.

Na tambaye ta, "Sunan wa aka sa wa yaron nan ranar suna?"

Ta ce sunan kakansa ne, na Katsina, amma ba sa kiransa da shi, da sunansa na Sinanci kowa ke kiransa, har uban.

Wallahi sai da na zauna a bakin gado. Na ce mata, Yaya, ba mamaci yake kira ba. A wajenmu idan mutum ya sa wa ɗansa sunan mahaifinsa, ba ya iya kama sunan, kunya da girmamawa ba za su bar shi ba, sai ya ce Abba, ko Baffa, ko Babana. Ɗanki yake nema. Ga shi nan tsaye tun magariba, taku uku tsakaninsu.

Na yafito yaron. Ya matso yana ɗari-ɗari. Alhaji ya kama shi da hannun hagu, ya ce, "Babana, ka ci abinci?" Yaron ya ɗago ya dube ni, ya ce da Sinanci, "Ayi, me ya ce?" Ayi kamar a ce Inna ko Anti ne. Na faɗa masa. Ya girgiza kai, bai ci ba. Na mayar wa uban. Haka muka yi har asuba, ni ce gada tsakanin mutum da ɗan cikinsa, a kan maganar da ba ta wuce ta abinci da jakar makaranta da mukullin shago ba.

Me ya faru da harshensa?

Hoton ƙwaƙwalwa ya nuna gudan jini ne ya toshe jijiya a ɓarin hagu, inda cibiyoyin magana suke a wajen mafi yawan mutane. Shi ya sa ɓarin dama na jiki ya shanye, magana kuma ta sarƙe. Mutumin da ke jin harsuna da yawa, idan wannan ya same shi, galibi harsunan tare suke raunana kuma tare suke dawowa. Amma akan samu wanda wani harshe zai riga wani dawowa. Tun 1881 wani masani Bafaranshe, Théodule Ribot, ya lura cewa abin da aka fara koya shi ya fi jure wa ciwo. A 1895 wani likita, Albert Pitres, ya ce a'a, wanda aka fi amfani da shi dab da ciwon shi ke fara dawowa. Kowanne akwai majinyatan da suka gaskata shi. Alhaji dai na farkon ya bi. Sinancin da ya yi shekara ashirin yana ciniki da shi, yana hira da matarsa da shi, ya yi ɓatan dabo. Turancin ma haka. Hausar da ya sha a nono ita ta tsaya.

Bari in ɗan tsaya a nan in yi aikina, don na auna jinin mutanenmu da yawa a titin nan. Hawan jini ya yi mana katutu: zama wuri ɗaya, rashin barci saboda bambancin awa bakwai da Najeriya, gishiri da dunƙulen miya, ga fargabar biza. Da yawa ba sa zuwa asibiti sai sun faɗi. Idan ka ga baki ya karkace, hannu ya yi sanyi, ko magana ta sarƙe, kada a tsaya shafa mai ko jiran gari ya waye. A kira 120, ita ce lambar motar asibiti a ƙasar nan. Allurar narkar da gudan jini tana da wa'adi, kimanin awa huɗu da rabi daga fara ciwon. Alhaji ya ci sa'a yaran shagonsa ba su ɓata lokaci ba.

Watanni kafin wannan, na taɓa tambayarsa me ya sa yaron ba ya jin Hausa. Ya yi dariya ya ce, "Malama, yaron nan fatarsa kaɗai ta ishe shi kaya. In ƙara masa da yare? Bari ya iya nasu fiye da su, ko sa ƙyale shi." Ya ce kuma shi sai goma na dare yake shiga gida, yaro ya yi barci. Hausa a wajensa harshen waya ce, da ita yake faɗa da kwastomomin Kano kan kuɗin kwantena. Kalmomin da yaron ya tsinta ke nan: nawa, wallahi, gobe, kuɗi. Ban ga laifinsa ba a lokacin, don ƙauna ce ta sa shi. Amma ƙaunar ce ta bar shi a gadon asibiti yana kiran ɗansa, ɗan bai san da shi ake ba.

Yara biyu, takarda biyu

Ni ma ba zan wanke kaina ba. 'Yata a nan aka haife ta, shekararta shida. Ni da ubanta duk Hausawa ne, amma idan ta yi mafarki da Sinanci take sambatu. Ranar da na ce ta miƙo min ludayi ta tsaya tana kallona, sai da na nuna da hannu.

Idan ka jera yaran nan biyu, za ka ga yadda takarda ke wasa da mutum. Dokar zama ɗan ƙasa ta Sin, ta 1980, ta ce yaron da aka haifa a ƙasar, in dai ɗaya daga iyayensa Basine ne, to shi ma Basine ne. Ta kuma ce ƙasar ba ta amince ɗanta ya riƙe ƙasa biyu ba. Kundin tsarin mulkin Najeriya na 1999, sashe na 25, shi kuma ya ce wanda aka haifa a waje, in uwarsa ko ubansa ɗan Najeriya ne, to ɗan Najeriya ne tun haihuwa. Ke nan ɗan Alhaji ƙasa biyu ke cewa nasu ne, ɗaya kuma ta ce ba ta yarda da kishiya ba. Iyayensa sun sa shi a rajistar iyali ta uwarsa, wadda ake kira hukou, don da ita ake samun makarantar gwamnati da inshorar lafiya cikin sauƙi. A takarda Basine ne cikakke. A cikin jirgin ƙasa kuwa har yau akwai masu yaba masa wai ya iya Sinanci, su tambaye shi daga wace ƙasa ya zo.

'Yata kuma haihuwa a nan ba ta ba ta komai ba. Fasfonta kore ne, zamanta na rataye da bizar ubanta, duk lokacin sabuntawa sai mun yi ta addu'a. Garin da ta sani a duniya shi ne Guangzhou, amma baƙuwa ce a cikinsa. Da muka je Zariya hutu, 'yan uwanta suka sa mata "'yar Caina", suna taruwa su ce ta yi musu yaren su yi dariya. Ta dawo ɗaki ta tambaye ni, "Mama, yaushe za mu koma gida?"

Shi kansa Alhaji, bayan shekara ashirin, ba shi da tabbas. Bizar zama da iyali ba ta ba da izinin aiki, shi ya sa shaguna da yawa a titin nan da sunan matan aka yi musu rajista. Katin zama na dindindin, wanda aka fara bayarwa a 2004, doka ta ce mijin 'yar ƙasa zai iya nema bayan shekara biyar da aure da zama, amma samunsa sai mai rabo: a 2016 mutum 1,576 kacal aka ba a duk faɗin ƙasar. Dokar shige da fice da ta fara aiki ranar 1 ga Yulin 2013 kuma ta sa tarar yuan 500 a kowace rana ga wanda bizarsa ta ƙare, har zuwa 10,000, ko tsarewa ta kwana 5 zuwa 15. Mutumin da ke zaune a kan irin wannan, kullum jakarsa a ɗaure take a zuci. Wanda ke ganin gobe zai tafi kuwa ba ya dasa bishiya.

Nan ba zango ba ne

Fita neman arziki ba baƙon abu ba ne a wajen Bahaushe. Kakanninmu sun bi hanyar goro har Gwanja da Salaga, sun kafa zango a Kumasi da Accra, sun kafa Sabo a Ibadan, wasu sun tafi aikin hajji a ƙasa suka zauna a Sudan. Sun auri matan can, amma jikokinsu da yawa har yau suna jin Hausa. Kuma Hausanci bai taɓa zama maganar jini zalla ba. Sunayen unguwannin Kano kaɗai sun isa shaida: Zangon Barebari, Tudun Nufawa, Agadasawa, Ayagi. Agalawa, dangin su Alhassan Dantata, asalinsu daga arewa ne wajen ƙasar Abzin, zama da harshe da addini da sana'a suka mayar da su Hausawa. Ko kwanan nan, a 2019, Sarkin Kano Muhammadu Sanusi II ya naɗa wa wani ɗan kasuwa Basine, Mike Zhang, rawanin Wakilin 'Yan China.

Abin da ya riƙe yaran zango shi ne zangon kansa: makarantar allo a zaure, mai ƙosai a bakin lungu, maƙwabciya da za ta aike ka, kaka mai tatsuniya, dandalin wasa. Ko uba bai ce uffan ba, unguwa za ta koya wa yaro harshe. A Guangzhou babu wannan. Muna warwatse a benaye, wannan a Sanyuanli, wancan a Foshan, mafi yawan masu zuwa 'yan sati biyu ne, su yi sari su koma. Matan Hausawa da ke zaune ba mu da yawa. Don haka abin da gari guda ke yi wa yaro a Kumasi, a nan ya rage kan mutum ɗaya ko biyu. In uba ya yi shiru, shi ke nan an rufe littafi.

Kiran Katsina

A kwana na biyar ƙanin Alhaji ya kira daga Katsina ta WeChat. Nan ma ni ce tafinta. Bayan gaisuwa da jajantawa ya ce dangi sun yanke shawara: da zarar ya iya hawa jirgi a kawo shi gida, a haɗo da yaron, a sa shi Islamiyya "ya zama mutum". Na yi jim kafin in fassara. Na ce masa, "Malam, ka yi haƙuri, wannan kalma ta ƙarshe ba zan juya ta ba. Yaron nan mutum ne tun yanzu. Uwarsa kwana biyar ba ta runtsa ba, ita ke juya ɗan uwanka, ita ke masa alwala." Ya yi shiru, sannan ya ce ba haka yake nufi ba. Na yarda ba haka yake nufi ba, amma mu ma mu riƙa jin abin da bakinmu ke faɗi. Muna kuka da masu toshe hanci idan mun shiga jirgi, alhali a gida akwai masu tambayar yaron ko yana cin kare.

Yaya ta ce ba za ta hana miji ƙasarsa ba, amma ɗanta ba zai bar makaranta ya tafi inda ba ya jin ko "zo ka ci" ba. Gaskiyarta. Dangi ma da tasu gaskiyar, don tsohuwar Alhaji tana raye, ta haura tamanin, ba ta taɓa riƙe jikan nan ba sai a waya. Har yau ba a warware wannan magana ba, kuma ba ni ce zan warware ta ba.

Abin da ya samu dai shi ne, bayan wata uku ana gashi da koyon magana, Sinancin Alhaji ya fara dawowa, guntu-guntu, kamar na sabon zuwa. Yana takawa da sanda. Yaron kuma shi da kansa ya same ni a barandar asibiti ya ce, "Ayi, ki koya min abin da Baba ke faɗi." Yanzu duk Asabar uwarsa tana kawo shi gidanmu. Ina zaunar da shi da 'yata, in ɗora tukunya, ba allo ba littafi: wannan ludayi, wannan muciya, wannan kuka, miƙo min gishiri. Wata 'yar Maraɗi ta fara kawo nata biyu. Harshensa yana karyewa a kan ƙ da ɗ, amma da yake Sinanci ma harshe ne mai hawa da saukar murya, kunnensa ya riga na 'yata kama bambancin sautin kalmomi.

Ba na cewa ya zaɓi ɗaya ya bar ɗaya. Basine ne, Bakatsine ne, kuma ba wanda ya tambaye shi kafin a haɗa masa biyun. Hausawa sun ce gida biyu maganin gobara, amma fa sai kana da mukullin kowanne. In ba haka ba, a wayi gari ba ga tsuntsu ba ga tarko.

'Yan uwa da ke Guangzhou, da Yiwu, da Jidda, da Landan, da duk inda neman halal ya kai mu: fasfo gwamnati ke bayarwa, kuma tana iya hanawa. Harshe kuwa ba ofishin da ake bin layi a karɓo shi, a bakinmu yake. Ko minti goma ne a rana, a yi wa yaro Hausa, ko da zai amsa da wani yare. Kada a jira sai ranar da za a nemo baƙuwa da tsakar dare.

Makon jiya aka kira tsohuwar ta bidiyo. Yaron ya durƙusa a gaban waya kamar yadda na nuna masa, ya ce, "Hajiya, ina wuni?" Ta ce, "Lafiya lau, mai gidana. Yaushe za ka zo ka ba ni kuɗin cefane?" Ya juyo ya dube ni. Kafin in buɗe baki, Alhaji ya ɗaga hannun hagu ya tsayar da ni. A hankali, da Sinancinsa mai ɗingishi, ya shiga yi wa ɗansa bayanin wasan jika da kaka.

Allah Ya ba marasa lafiyarmu lafiya, Ya raya mana zuri'a a duk inda suke.